Earl Cameron: Ɗan Amshin da Ya Zama Sarkin Habasha

Duk wanda ya taɓa tsayawa inda ake kiɗan taushi ko kotso ko kalangu ya san cewa waƙa ba aikin baki ɗaya ba ce. Makaɗi ya ja baiti, 'yan amshi su karɓa, su riƙe masa amo har ya nisa ya kawo wani. In 'yan amshi suka yi sanyi waƙa ta mutu, kome gwanintar ubangidansu. Amma in an tashi kyauta, makaɗi ake miƙa wa riga da doki, in kuma an zo rubuta tarihi, sunansa kaɗai ake sawa. Mu ɗaliban Hausa muna iya jero sunayen su Narambaɗa da Ɗanƙwairo da Shata ba tare da mun numfasa ba, amma a ce mu kawo mutum biyu daga cikin waɗanda suka yi shekara da shekaru suna karɓa musu, sai a ji aji ya yi tsit.

Haka abin yake a wasan kwaikwayo, na dandali ne ko na silima. In mun fito daga kallo, mutum biyu ne a bakinmu, watau akta da bos. Sauran jama'ar da suka cika fim, da likita, da ɗan sanda, da direba, da tsohon da ya nuna wa akta hanya, duk sai mu dunƙule su mu ce "wani mutum". Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. To, a kan ɗaya daga cikin waɗannan "wani mutum" nake so in ɗan yi tsokaci, watau wani ɗan wasan ƙasar Ingila mai suna Earl Cameron, wanda tsakanin fitowarsa ta farko a 1941 da ta ƙarshe akwai kimanin shekara 70, kuma kusan kullum a bayan wani yake tsaye.

Dalili biyu suka sa na zaɓe shi. Na farko, da yawanmu mun san fuskarsa da muryarsa tun muna yara. Wanda duk ya kalli The Message, fim ɗin nan na tarihin farkon Musulunci da muka tashi muna gani a gida, musamman da azumi, ya ga Earl Cameron, domin shi ne Najashi, Sarkin Habasha. Na taɓa jefa tambayar a ɗakin kwananmu. Akwai waɗanda suka iya gaya mini cewa Anthony Quinn ne ya fito a matsayin Hamza, amma da aka zo kan Najashi kowa sai ya ce, "Wannan dattijon mai kwarjini," maganar ta tsaya nan. Dalili na biyu kuwa, rayuwar mutumin ta sa na raba abu biyu da nake jin ana cakuɗa su: akwai ƙaramin matsayin da labari ne ya bukace shi haka, akwai kuma ƙaramin matsayin da aka tsare mutum a ciki saboda launin fatarsa. Earl Cameron ya ɗanɗana duka biyun.

Daga jirgin ruwa zuwa dandali

An haife shi ran 8 ga Agusta, 1917, a Pembroke cikin Bamuda, wani ɗan ƙaramin tsibiri a tekun Atlantika, gabas da Amurka, wanda har yau yake ƙarƙashin Ingila. Da ya tasa sai ya shiga aikin jiragen ruwa na fatauci, kamar yadda samarin tsibirai da yawa kan yi. Yana cikin wannan aiki aka fara Yaƙin Duniya na Biyu a 1939, jirgin da yake ciki ya kawo shi Landan, komawa gida kuma ta gagara. Ga sanyi, ga yaƙi, ga shi baƙar fata a garin da ba a ɗaukar baƙar fata aikin kirki. Abin da ya samu shi ne wanke-wanke a ɗakin girkin otal da makamantansa, har ciwon ƙirji ya kwantar da shi asibiti.

Ba wanda zai dubi saurayin nan a gaban tulin kwanuka ya ce ga ɗan wasa. Shi kansa ba makarantar wasa ya yi ba. Amma zakaran da Allah ya nufa da cara, ko ana muzuru ana shaho sai ya yi. A 1941 wani abokinsa ya ba shi tikitin kallon wani wasan kiɗa da waƙa mai suna Chu Chin Chow a gidan wasa na Palace. Wasan an gina shi ne a kan labarin nan da muka sani na Ali Baba da ɓarayi arba'in, abokin nasa kuma yana cikin 'yan baƙaƙen fatar da ake cika dandali da su. Ba a daɗe ba ɗaya daga cikinsu ya ƙi zuwa aiki, aka rasa mai cike gurbi, aka kira Cameron. Ina so mai karatu ya lura da irin aikin da aka ba shi: tsayawa cikin ayarin masu karɓa waƙa a bayan manyan 'yan wasa. Watau da amshi ya fara, ba a misali ba, a zahiri.

Daga nan ya ci gaba da tsintar abin da ya samu. Ya fito a matsayin direba a wasan The Petrified Forest, ya bi ayarin masu nishaɗantar da sojojin Ingila har ƙasar Indiya a 1945. Bayan yaƙi ya sami shiga wasan Deep Are the Roots, labarin wani sojan Amurka baƙar fata da ya dawo daga yaƙi ya tarar a garinsu har yanzu ba a ɗauke shi cikakken mutum ba. Da farko aikinsa shi ne jiran gurbi. A al'adar gidajen wasa na Ingila akan ajiye mutum ya haddace maganganun babban ɗan wasa kaf, ya zo kullum da dare ya zauna a bayan labule, ko da ciwo ko wata lalura za ta hana mai matsayin fitowa. Yana iya yin wata da watanni bai taka dandali ba. Ni dai ban san aikin da ya fi wannan koya wa mutum haƙuri ba. Daga baya, da aka riƙa yawo da wasan a garuruwan Ingila, shi aka ba babban matsayin.

A wannan zamani ne ya nemi malamar da za ta gyara masa lafazi da murya, ya dace da wata tsohuwa, Amanda Ira Aldridge. Mahaifinta, Ira Aldridge, baƙar fata ne haifaffen Amurka wanda ya fito a matsayin Othello a gidan wasa na Covent Garden tun 1833, ya zaga ƙasashen Turai ana yaba shi, ya rasu a ƙasar Polan a 1867. Ita Amanda ta koyar da Paul Robeson ma. Wannan silsila ta burge ni ƙwarai. Muryar nan mai nauyi da natsuwa da muke ji a bakin Najashi ba daga sama ta faɗo ba, a gaban malama aka zauna aka gyara ta, malamar kuma 'yar gidan sana'ar ce.

Ƙofar da ta buɗe ta sake rufewa

A 1951 kamfanin Ealing ya fitar da fim mai suna Pool of London, wanda Basil Dearden ya shirya. Cameron ya fito a matsayin Johnny, wani ma'aikacin jirgin ruwa mutumin Jamaika, da jirginsu ya tsaya Landan na 'yan kwanaki. Abokin aikinsa Bature ya jefa kansa cikin harkar ɓarayin lu'ulu'u, ya kusa jan Johnny ciki ba da saninsa ba. A gefe guda kuma Johnny ya haɗu da wata yarinya Baturiya mai sayar da tikiti, suka ɗan yi yawo cikin gari, suka shaƙu, amma abin bai kai ko'ina ba, domin shi ya san iyakar da garin ya shata masa. Masana tarihin silima na Ingila suna lissafa wannan fim a matsayin na farko a ƙasar da ya nuna irin wannan shaƙuwa tsakanin baƙi da fara. Matsayin Johnny babba ne, kuma 'yan jarida sun yaba wa Cameron.

Abin da ya kamata ya biyo baya sananne ne. Saurayi Bature da ya yi irin wannan fitowa, kamfani kan rungume shi, a rubuta labarai domin shi, a sa hotonsa a bangon gidajen silima. Cameron bai sami haka ba. Ba a ce bai iya ba, labaran ne ba a rubuta su da irinsa a gaba ba. Kuma a daidai lokacin da ake nuna fim ɗin a Landan, a tsibirin da aka haife shi gidajen silima suna ware wa baƙaƙe wurin zamansu dabam, al'adar da ba ta kau ba sai da jama'a suka ƙaurace wa gidajen a 1959.

To, sai ya koma layin mataimaka, kuma a shekarun 1950 abin da ake ba baƙar fata a finafinan Ingila bai wuce kashi uku ba: ko bara, ko ɗan tawaye, ko ɗan boko mai biyayya. Cameron ya yi duka ukun. A The Heart of the Matter na 1953 shi ne Ali, yaron gidan wani Baturen ɗan sanda a Saliyo. A Simba na 1955, wanda aka gina a kan yaƙin Mau Mau na Kenya, shi ne Dokta Karanja, likitan da Turawa ke zargi, 'yan'uwansa kuma ba su yarda da shi ba. Wanda ya fito a matsayin mahaifinsa kuwa ɗan Nijeriya ne, Orlando Martins, mutumin Ikko. Shekara ɗaya bayan haka, a fim ɗin Safari, sai ga shi a ɗaya ɓangaren, shi ne jagoran 'yan Mau Mau da akta ke farauta. Har finafinan Tarzan biyu ya fito, a 1960 da 1963.

A nan ne maganar take da nauyi, kuma bai kamata a wuce ta da yabo kawai ba. Waɗannan finafinai Turawa suka rubuta su, domin Turawa, a lokacin da mulkin mallaka ke neman hujjar ci gaba da zama. Fim kamar Simba ya fi nuna ta'asar Mau Mau fiye da ƙwacen gonakin da ya haifar da ita. Wani abokina da muke yawan musu da shi ya ce da ni, ai mutum mai kwarjini irin Cameron in ya shiga irin wannan fim, ƙarya yake sa wa riga mai kyau, gara a bar su su nemo wanda bai iya ba, kowa ya gane shirme ne. Maganarsa tana da ƙafa, ban kuma ce ta faɗi ba. Sai dai ni ga yadda nake gani. Mataimakin ɗan wasa ba shi ke rubuta labari ba, ba shi ke zaɓen inda za a yanke ba. Abin da ya mallaka uku ne kawai: tsayuwarsa, da kallonsa, da muryarsa. Da waɗannan ukun Cameron ya riƙa sa wa mutanen da aka rubuta a taƙaice wani mutunci da ba ya cikin takarda. Baturen ƙauye da bai taɓa zama da baƙar fata ba, ya biya kuɗinsa ya shiga silima, ya ga likita baƙi wanda ya fi duk Turawan da ke kewaye da shi hankali. Wannan bai wanke fim ɗin ba, amma ya bar wa mai kallo wata 'yar ƙaya a zuci, ƙayar kuma ɗan wasan ne ya dasa ta.

Inda wannan gwaninta ta fi bayyana shi ne Sapphire na 1959, wanda Basil Dearden ya sake shiryawa, shekara ɗaya bayan tarzomar ƙabilanci ta unguwar Notting Hill a Landan. An tsinci gawar wata ɗaliba a wani fili, kowa ya ɗauka Baturiya ce. Ana cikin bincike sai aka ce ga wanta ya zo daga Birmingham. Ƙofa ta buɗe, sai ga Cameron, baƙi, cikin kwat, Dokta Robbins. Bai ɗaga murya ba, bai yi wa kowa wa'azi ba. Ya tsaya ya bar 'yan sanda, da masu kallo tare da su, su gama mamakinsu, kamar mutumin da ya saba da irin wannan kallo tun yana yaro har ya daina ba shi haushi a fili. A ƙarshen fim an kai shi gidan saurayin ƙanwar tasa, ya ɗauki 'yartsanar yaran gidan yana juyawa a hannu ana magana. Ganin baƙin hannu a kan abin wasan 'ya'yanta ya sa yayar saurayin ta kasa daurewa, ta fashe da ƙiyayyar da take ɓoyewa, asirinta ya tonu, ashe ita ta yi kisan. Dubi abin da ya warware fim ɗin gaba ɗaya: mataimaki ne riƙe da 'yartsana, bai ce kome ba. Fim ɗin ya ci kyautar fim mafi kyau na Ingila a shekararsa, sunayen Turawan da suka fito a matsayin 'yan sanda ne kuma a saman takarda.

Haka ya ci gaba. A Flame in the Streets na 1961 shi ne ma'aikacin masana'anta da abokan aikinsa Turawa ke ƙyashin a yi masa ƙarin girma. A Guns at Batasi na 1964 shi ne Kyaftin Abraham. An yi tunanin ba shi matsayin Quarrel a fim ɗin James Bond na farko, Dr. No, amma aka ba John Kitzmiller. Sai a 1965 ya shiga Thunderball a matsayin Pinder, mutumin da ke taimakon Bond a tsibiran Bahamas. A 1966, cikin shirin talabijin na Doctor Who, ya fito a matsayin ɗan sama-jannati, shekara 14 kafin wani mai jinin Afirka ya je sararin samaniya da gaske, watau Arnaldo Tamayo Méndez na ƙasar Kuba a 1980. A daidai wannan zamani, a Amurka, Sidney Poitier, wanda Cameron ya girma da shekara 10, ya riga ya karɓi kyautar Oscar a 1964. Da Poitier ya zo Landan shirya fim ɗinsa A Warm December na 1973, Cameron ya ba matsayin jakadan wata ƙasar Afirka. Mutum biyu, dukansu 'yan tsibiri, dukansu gwanaye, ɗaya ya faɗa kasuwar da ta yarda ta yi tauraro baƙi ko da guda ɗaya ne, ɗaya ya faɗa wadda ba ta shirya ba.

A fadar Najashi

Yanzu bari mu koma inda muka san shi. Moustapha Akkad, mutumin Siriya, shi ya shirya The Message, aka ɗauke shi a Maroko da Libiya, ya fito a 1976. An yi shi kashi biyu, na Ingilishi da na Larabci, kowanne da manyan 'yan wasansa, a na Ingilishin ne Cameron yake. Wani abin lura game da wannan fim shi ne, saboda girmamawa, ba a nuna Manzon Allah (SAW) ba, ba a kuma ji muryarsa ba. Ke nan wanda labarin yake kansa ba ya cikin hoto ko sau ɗaya. In aka bi ma'aunin masu silima, fim ne da babu akta a cikinsa, mataimaka ne suka ɗauke shi tun daga farko har ƙarshe, kuma bai faɗi ba. Wannan kaɗai ya isa ya sa mu sake tunani a kan waye ginshiƙin wasa.

Fitowar Cameron 'yar gajeruwa ce, ba ta fi zama ɗaya a fada ba. Musulmin da suka yi hijira zuwa Habasha suna tsaye gaban sarki, Ja'afar ɗan Abu Ɗalib ne mai magana da yawunsu. Amru ɗan Asi ya zo daga Makka da kyaututtuka da tsohuwar abota, yana neman a ba shi su ya koma da su. An yi ƙorafin ba su rusuna wa sarki ba, Ja'afar ya ba da dalili. Da Amru ya ga magana tana neman kuɓuce masa, sai ya ce a tambaye su abin da suke faɗi game da Annabi Isa. Ja'afar ya karanta daga Suratu Maryam. Sarki ya sauko daga karaga, ya ja layi a ƙasa da sandarsa, ya nuna cewa abin da ya raba su bai fi kaurin layin nan ba, sa'an nan ya gaya wa Amru ko dutsen zinariya aka ba shi ba zai miƙa su ba.

Na sha maimaita kallon wannan wuri, kuma abin da na lura da shi shi ne yawancin lokacin sarki ba magana yake ba, sauraro yake. Ja'afar ke da dogon jawabi, Amru ke da makirci, shi Najashi fuskarsa kawai aka bar masa. A fuskar nan ne muke ganin shari'ar tana juyawa, daga sarkin da ba ya son ɓata wa abokin cinikinsa rai, zuwa alƙalin da ya fara shakka, zuwa mutumin da magana ta taɓa. Da a ce ɗan wasan ya zauna ne kurum yana jiran layinsa ya zo, kamar yadda yawancinmu kan yi, da jawabin Ja'afar ya zuba a ƙasa, domin mai kallo ba ya auna nauyin magana sai a fuskar wanda ake gaya wa. Wannan shi ne amshi a wasan kwaikwayo. Mutumin da ya fara da karɓa waƙa a bayan dandali a 1941, shi ne bayan shekara 35 ya karɓa wa Ja'afar da shiru, shirun kuma ya fi kowace magana a wurin ƙarfi. A nan ƙanƙantar matsayin ba zalunci ba ce, haka labarin yake, kuma ba a bukatar ƙarin ko minti ɗaya.

Tafiya da dawowa

Cameron ya karɓi aƙidar Baha'i a 1963, kuma saboda hidimarta ne a 1979 ya ajiye wasa ya kwashe iyalinsa zuwa tsibiran Solomon a tekun Fasifik. Can ya zauna shekara 15 yana sana'ar askirim. Wannan ma ya nuna mini wani abu game da halinsa: mutumin da sunansa ya dame shi ba ya barin Landan ya tafi inda ba wanda ya san ya taɓa tsayawa kusa da Sean Connery. Ya dawo Ingila a 1994, shekarar da matarsa ta fari ta rasu, ya koma sana'arsa yana tsoho.

Sannu ba ta hana zuwa. A 2005, yana da shekara 87, ya fito a matsayin Edmond Zuwanie a fim ɗin The Interpreter na Sydney Pollack, wanda aka ɗauka a cikin ginin Majalisar Ɗinkin Duniya. Zuwanie shugaban wata ƙasar Afirka ce ta ƙage, wanda ya fara da ƙwato wa mutanensa 'yanci ya ƙare da karkashe su. Tun farkon fim ake ambatonsa, ba a gan shi sosai ba sai can ƙarshe, inda Nicole Kidman ta tsare shi da bindiga, sai ga wani tsoho mai taushin murya wanda ya san abin da ya zama. A 2006, a fim ɗin The Queen, shi ne mai zanen da ke zana Sarauniya a farkon fim, suna hira a kan zaɓen 1997, ita tana cewa tana sha'awar damar da yake da ita ta jefa ƙuri'a. A 2010, yana da shekara 92, ya fito a Inception na Christopher Nolan, ya faɗi 'yan kalmomi a wani ɗaki a Mombasa inda mutane ke zuwa su yi barci su yi mafarki.

Girmamawa ta zo, amma a makare. A 2009 aka ba shi lambar CBE ta Ingila. A 2012 aka sa wa gidan wasa na birnin Hamilton, babban birnin Bamuda, sunansa, a ƙasar da a da ake ware wa irinsa kujera. A 2013 Jami'ar Warwick ta ba shi digirin girmamawa. Ya rasu ran 3 ga Yuli, 2020, a garin Kenilworth, yana da shekara 102.

Abin da ya shafe mu

Duk shekara in ƙungiyarmu ta tashi shirya wasan kwaikwayo, rabon matsayi ne ke fi ɗaukar lokaci. Kowa sarki yake so, ko alhaji mai kuɗi, ko yarinyar da ake rigima a kanta. In aka ce wa mutum shi ne dogari ko maroƙi ko maƙwabciya, sai ya riƙa zuwa gwaji a makare, ran wasa kuma ya tsaya a dandali yana leƙen abokansa cikin 'yan kallo har a zo kan layinsa. Ni an fi ba ni bafade, kuma a nan na gane cewa in na ce "Ran sarki ya daɗe" da zuciya ɗaya, ɗalibin da ya naɗa rawanin aro yakan zama sarki a idon jama'a, in kuwa na faɗe ta da kasala, sai ya koma ɗan aji biyu da tsumma a ka. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Amma kada a ɗauki labarin Earl Cameron a mai da shi wa'azin haƙuri kawai, a ce wa kowane na baya ya zauna inda aka ajiye shi. Haƙurinsa abin yabo ne, tsarin da ya sa shi haƙurin kuwa abin zargi ne. Mun ga abin da ya yi da 'yan mintoci a fadar Najashi da kuma 'yartsana a hannu. Finafinan da zai yi da an ba shi gaba tun 1951, yana da ƙuruciya da ƙarfi, waɗannan an yi asararsu, kuma masu kallo ne suka yi asarar tare da shi. Saboda haka nauyi biyu ne. Wanda aka ba ƙaramin matsayi ya riƙe shi da gaske, ya koyi sauraro. Wanda kuma ke rabon matsayi, ko a dandalin makaranta ko a kamfanin fim, ya tambayi kansa ko cancanta ce ta ajiye wane a baya, ko kuwa garinsu, ko harshensa, ko rashin uban gida.

Mu kuma masu nazari, namu aikin shi ne rubuta suna. In fim ya ƙare, mu daure mu karanta jerin sunayen nan da ke hawa sama kafin mu tashi. In mun fita neman abin rubuta kundin digiri a kan wani makaɗi ko wani wasan rediyo, mu nemi 'yan amshinsa da masu fitowa a bayansa tun suna raye, mu zauna da su, domin sau da yawa su ne suka fi riƙe tarihin. Ingila ta yi sa'a Earl Cameron ya kai shekara 102, har ta farga ta yi masa godiya yana ji da kunnensa. Ba kowane ɗan amshi ne ke daɗewa haka ba.

Nan zan dasa aya. Allah ya sa mu dace.